Dattijo ya ci maki 100 a takarda amma ya daina fita: yaya za a auna hidimarsa ta yau da kullum?

Wata ma'aikaciyar jinya a wani ƙaramin asibiti a cikin birnin Kano ta yi tambaya. Ta ce suna cika wa dattawa takardar Barthel, mai auna yadda mutum ke kula da kansa, bayan an sallamo su daga babban asibiti, da yawansu suna samun 95 ko 100, amma iyalansu na kukan cewa sun daina fita, sun daina taɓa komai, sai zaman ɗaki. Tana son sanin yadda za ta auna abin da tsoho yake yi a zahiri.

Malama, takardar ba ta yi miki ƙarya ba. Ma'aunin Barthel, wanda aka fitar a Amurka a 1965, abubuwa goma yake dubawa: cin abinci, wanka, gyaran jiki, sa tufafi, riƙe fitsari, riƙe bayan gida, shiga banɗaki, tashi daga gado zuwa kujera, tafiya a fili da hawa matakala. Wanda ya ci 100, abin da aka tabbatar kawai shi ne ba sai an ɗaga shi ba, ba sai an ba shi abinci a baki ba. Na Katz, na 1963, ya ma fi shi gajarta, abu shida ne. Duka biyun suna da amfani a gadon asibiti, amma babu wanda yake tambayar ko Alhaji yana zuwa masallaci, ko Hajiya ta je sunan jikarta. Tun 2001 Hukumar Lafiya ta Duniya ta raba abu biyu a tsarinta na bayyana lafiya da naƙasa: abin da mutum zai iya yi idan an gwada shi, da abin da yake yi a inda yake zaune. Mu masu aikin farfaɗo da mutum ta hanyar ayyukansa na yau da kullum, waɗanda jama'a kan haɗa mu da masu gashin ƙashi, na biyun ne muke bi, kuma shi kike nema.

Sai ki fara da canza tambayar. Idan kika ce, "Baba, za ka iya zuwa masallaci?" amsar ita ce "Sosai ma", kuma gaskiyarsa ce. Ki ce, "Baba, yaushe rabonka da sallar asuba a masallaci?" Nan za ki ji "tun kafin azumi". Kalmar "rabonka da" ta fi kowace takarda aiki a wannan fanni, domin tana fito da rana, ranar kuma tana kai ki ga abin da ya faru a lokacin: faɗuwa, sabon magani, rasuwar aboki, ko ranar da fitsari ya kufce masa a sahu.

Ki ware minti 40 zuwa 60, a gidansa idan da hali. Kada ki fito da biro kafin ki gama gaisuwa. Dattijon da kika tambaya "yaya jiki" zai ce "da sauƙi, sai godiya" ko da kwana ya yi bai runtsa ba, wannan ladabi ne, ba bayani ba ne. Bayan gaisuwa ki bi da shi ta yinin jiya, jiyan nan da ta wuce, kada ki ce "kullum", domin idan kin ce kullum zai ba ki labarin yadda yake shekara biyar da suka wuce. Salloli biyar su ne agogonki. Da aka kira asuba wa ya kawo ruwa? A ina aka yi alwala, a tsugune ko a kan kujera? Bayan an idar an koma barci ne ko an zauna lazimi? Daga hantsi zuwa azahar me hannu ya taɓa? Tsakanin la'asar da magariba, lokacin da maza ke zaman majalisa a ƙofar gida, mata kuma ke shiga maƙwabta, ina yake? Idan kin gama yini sai ki faɗaɗa zuwa mako, ki tambayi Juma'a da Islamiyya, sannan wata, ki tambayi biki da suna da ta'aziyya da dubiya. A gefe ki riƙa lura da iyakar inda ƙafarsa ta kai a makonni huɗu da suka wuce: ɗaki, tsakar gida, zaure ko ƙofar gida, cikin unguwa, cikin gari, wajen gari. Ga kowane mataki ki rubuta sau nawa, kuma shi kaɗai ne, ko da sanda, ko sai an riƙe shi. Wanda da yake zuwa Kantin Kwari kullum, yanzu iyakarsa dakalin ƙofar gida, kin ga asarar a fili ko da Barthel ya ba shi 100.

Akwai ma'aunin da aka yi musamman domin wannan aiki. Carolyn Baum da Dorothy Edwards ne suka tsara shi a Amurka: katuna ne masu hotunan tsofaffi suna ayyuka iri-iri, bugu na biyu na 2008 yana da hoto 89. Ana miƙa wa mutum katunan ya rarraba su: wanda bai taɓa yi ba, wanda yake yi har yanzu, wanda ya rage, wanda ya bari. Dabarar tana da kyau ƙwarai, hotunan ne ba namu ba. Shi ya sa wasu ƙasashe suka sake nasu da ayyukan mutanensu. Ke ma za ki iya haɗa jerinki na aiki 30 zuwa 40 daga rayuwar Kano. Ga maza: jam'i, Juma'a, majalisa, zaman kasuwa ko rumfa, cefane, jana'iza, ɗaurin aure, karatun zaure, sauraron rediyo, kiwon tumaki, zagaya gona, sasanta rigimar dangi. Ga mata: girki ko sa ido a kansa, tsince shinkafa da gyaran wake, shara, wankin kayanta, 'yar sana'ar cikin gida kamar ƙuli-ƙuli ko daddawa ko ɗinkin hula, adashi, Islamiyya, barka, wankan jego da rainon jikoki, ziyarar 'ya'ya a gidajen aurensu. Ki haɗa da na kowa: riƙe kuɗi, kiran waya, shan magani a kan lokaci, hawa adaidaita sahu, tilawa. Idan za ki yi hotuna, aiki ɗaya a kati ɗaya, babba kamar rabin fallen takarda, na dattawa irinsu, kuma da izinin waɗanda aka ɗauka. Wanda idonsa ya yi rauni sai ki karanta masa.

Lissafin ba wuya. Ki cire duk abin da bai taɓa yi ba, bai shiga lissafi. Abin da yake yi kamar da, maki 1. Wanda ya rage, rabin maki. Wanda ya bari, babu maki. A ce jerinki 30 ne, Hajiya ba ta taɓa yin 8 ba, saura 22. Tana yin 9 kamar da, ta rage 6, ta bar 7. Tara da uku, 12 ke nan. Ki raba 12 da 22, kusan kashi 55 cikin 100 na hidimarta ta da ke nan take riƙe da shi har yanzu. Ki ƙayyade "da" ɗin tun farko, kafin ciwon da ya kwantar da ita ko shekara ɗaya baya, in ba haka ba za ta lissafa miki har da dakan da ta bari tun tana da shekara 50. Sai dai ki riƙe wannan: jerin da kika haɗa da kanki ba a gwada ingancinsa da bincike ba. Ki yi amfani da shi wajen kwatanta Hajiya ta yau da Hajiya ta bayan wata biyu. Kada ki kwatanta ta da maƙwabciyarta, kada kuma ki ce ƙasa da kashi kaza ciwo ne.

A nan ne aka fi yin kuskure a gidajenmu, don haka bari mu daɗe kaɗan. A ƙasar Hausa barin aiki ba kullum asara ba ne. Matar da ta yi surukai ta fita daga girki, girma ne ya zo mata, kuma idan kika rubuta mata "ba ta iya girki" kin yi mata ƙazafi. Ma'aunin Lawton na 1969, mai duba abubuwa takwas irin su waya, sayayya, girki, wanki, kuɗi da magani, yana tuntuɓe a daidai wannan wuri. Tun a asalinsa ma ba a lissafa wa maza girki da wanki da gyaran gida. A Kano sai ki ƙara da cewa mata da yawa ba su taɓa zuwa cefane da kansu ba, yara ake aika. Saboda haka kowane aikin da aka bari sai ya sami tambaya ta biyu: "Inna, ke kika ajiye ko karɓewa aka yi? Da za a bar ki, kina so?" Amsoshin sun kasu. Akwai wadda ta ajiye da jin daɗi, wannan ki bar ta. Akwai wadda jiki ya hana. Akwai kuma wadda 'ya'ya suka hana saboda ƙauna: ta ɗauki tsintsiya an karɓe, ta tashi ɗebo ruwa an ce "zauna Hajiya, me za a ce da mu". Wannan ta ukun za ki same ta a cikin masu maki 100 ɗin da kike gani, kuma tana saurin lalacewa, domin tsokar tsoho tana zubewa da wuri idan ba a mora ba. Bayan wata shida na "zauna ki huta", tashi daga tabarma ma sai an kama ta, sai iyali su ce ai ga shi, da ma mun faɗa.

Ki tambayi dattijon shi kaɗai, sannan ki tambayi mai kula da shi daban. Uwa ba za ta yi maganar yoyon fitsari a gaban ɗanta ba, balle ɗan fari, kuma dattijo ba zai faɗa a gaban surukarsa ba. Idan namiji ne kuma kin ga yana kawaici, ki sa abokin aikinki namiji ya yi wannan ɓangaren. Mai ba da labari ma a zaɓe shi: wadda take kwana da tsohuwa ta fi babban ɗan da ke zuwa gaisuwa ranar Juma'a sanin gaskiya, ko da shi ne mai biyan kuɗin magani. Idan bayanin biyu ya saɓa, ki rubuta duka. Sau da yawa tsoho yana ƙara wa kansa don kada a ce ya zama kaya, iyali kuma suna rage masa don tsoro. Idan tazarar ta yi yawa, shi yana cewa jiya ma ya je kasuwa alhali rabonsa da ita shekara guda, to ki fara tunanin ciwon mantuwa.

Bayan baki sai ido. Ki zaɓi aiki biyu ko uku ki ga an yi su a inda aka saba yi, da kayan da aka saba. Alwala ta fi kowanne ba da labari, domin ta tara komai: tafiya zuwa wurin, tsugunawa, ɗaga buta mai lita ɗaya da rabi ko biyu da hannu ɗaya, kai hannu ga ƙafa, tuna jerin gaɓoɓi, sannan miƙewa a kan siminti mai danshi. Ki tsaya kusa, ta ɓangaren da ya fi rauni, kada ki taimaka sai ya zama dole. Ki lura ko yana dafa bango, ko yana cika butar rabi saboda nauyi, ko ya wanke hannu ɗaya sau biyu ya manta ɗayan. Mai shanyewar ɓarin jiki wani lokaci yakan manta gefen hagu gaba ɗaya, ba don ba ya motsi ba. Sai sallah: sauka zuwa sujada da tasowa daga ita. Da yawa sun bar jam'i ne saboda ba sa iya tasowa tare da liman, kuma suna jin nauyin a gan su a kan kujera, duk da sauƙin da shari'a ta yi wa mara lafiya. Na uku, ki ba shi kuɗi ya ƙirga miki canji, ko ya nuna miki magungunansa ya faɗi wanne ake sha yaushe. Tun da aka sauya launin takardun naira 200 da 500 da 1000 a ƙarshen 2022, tsofaffin takardu da sababbi suna yawo tare, masu yanar ido suna rikicewa, wasu sun bar zaman rumfa saboda an cuce su sau ɗaya ko biyu, ba su gaya wa kowa ba.

Ki leƙa banɗaki da kanki. Barthel yana ɗauka masai na zama ne, yawancin gidajen cikin birni kuwa na tsuguno ne, ba abin kamawa, ƙasa da santsi, da dare ba fitila. Ki duba tsayin dokin ƙofa, katifar da ke ƙasa, igiyar shanya, da kwatar da ke ƙofar gida wadda sai an tsallaka. Ki taka hanyar masallacin da ƙafarki. A ce mita 80 ne kawai, amma idan akwai kwata biyu da lungu mai duhu da asuba, ga yara masu gudu da babura, kin sami dalilin.

Gwajin tafiya guda ɗaya ya isa a wannan zama. Kujera mai tsayin kusan santimita 46, ki auna mita 3 a ƙasa ki sa alama. Ya tashi, ya je alamar, ya juyo, ya zauna, da takalmin da ya saba da sandarsa idan yana riƙewa. Daƙiƙa 12 ko fiye alama ce ta haɗarin faɗuwa. Kada ki yi da farar kujerar roba mai sauƙi, tana zamewa, idan ita kaɗai ce a jingina ta da bango. Ki auna hawan jini yana kwance, ki sake bayan ya miƙe da minti 1 da minti 3. Idan lambar sama ta awon ta sauka da 20 ko ta ƙasa da 10, jirin da yake ji idan ya taso daga sujada yana da dalili, likita ya duba magungunansa. Kuma ki tambayi faɗuwa kai tsaye, har da "zamewa" da "ƙafa ta ɗan rikice", domin ba kowa ke kiran ta faɗuwa ba. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta cewa kusan kashi 28 zuwa 35 cikin 100 na masu shekara 65 zuwa sama suna faɗuwa a kowace shekara, kuma tsoron sake faɗuwa kaɗai yana zaunar da mutum.

Yanzu kina da jerin abin da aka bari da dalilansa. Dalilin shi ne ke nuna inda za a nufa. Wanda ya bar majalisa saboda ba ya jin hira, ana dariya bai san me aka ce ba, kunnensa za a duba, wani lokaci dattin kunne ne kawai ya toshe. Wadda ta bar tilawa da tsince shinkafa a lokaci guda, ido ne. Wanda ya bar masallaci da zaman ɗaurin aure da doguwar tafiya a mota, amma yana harkarsa a cikin gida, ki tambayi fitsari. Tsoron najasa a tufafi yana hana dattawa da yawa shiga sahu, kuma wasu magungunan hawan jini suna ƙara yawan fitsari, sauya lokacin shansu bisa shawarar likita yakan taimaka. Wanda kuwa ya bar komai a tare, har abin da ba ya buƙatar ƙarfi kamar rediyo da wasa da jikoki, abinci ya ragu, barci ya lalace, yana yawan cewa shi ya gama nasa, wannan ciwon damuwa ne sai an tabbatar ba shi ba ne, kada a ce tsufa. Akwai kuma dalilan da ba na jiki ba: kuɗin adaidaita sahu ya yi tsada, abokan majalisar sun rasu ɗaya bayan ɗaya, ko an ɗauke tsohuwa daga cikin gari an kai ta gidan ɗanta a sabuwar unguwa mai katanga da get, inda ba ta san kowa ba. Abu ɗaya ne ba ya jiran a gama awo: rikicewar da ta zo cikin kwana ɗaya ko biyu, ko sabon raunin hannu, karkacewar baki, ko sarƙewar magana. Wannan asibiti za a nufa a ranar.

Ba duk abin da aka bari za a dawo da shi ba, don haka shi zai zaɓa. Ma'aunin COPM, mai auna yadda mutum ke gudanar da ayyukan da suka fi masa muhimmanci, wanda aka fitar a Kanada a 1991, a kan haka aka gina shi. Mutum ya ba kowace matsala makin muhimmanci daga 1 zuwa 10, a ɗauki biyar mafi girma ko ƙasa da haka, sannan ga kowace ya ba da maki biyu: yadda yake yin ta yanzu, da yadda ya gamsu da hakan. Dattawa da yawa ba sa jin daɗin "ba ni lamba daga ɗaya zuwa goma". Ki zuba ƙwayar wake goma a faranti ki ce, "Idan goman nan su ne yadda kike yi da, nawa suka rage miki yau?" Za ta ware da hannunta. A ce makin yi ya fito 3, 2, 5, 4 da 1, jimla 15, a raba da 5, ya ba da 3. Idan aka sake awo, ƙarin maki 2 ko fiye shi ake ɗauka canji na gaske. Za ki sha mamakin zaɓin. 'Ya'ya suna so Baba ya riƙa wanka da kansa, shi kuwa abin da ke ransa ya raka gawar abokansa zuwa maƙabarta kamar yadda suka raka na wasu tare.

Ki kula da lokacin da kike awon. Matar da ke takaba wata huɗu da kwana goma ba za ta fita biki ba, wannan ba asara ba ce, amma ki dawo bayan ta fita ki ga ko ta koma hidimarta, domin da yawa daga nan suke zaunewa. Azumi yana juya yini gaba ɗaya. Sanyin hunturu yana hana masu ciwon gwiwa fita asuba, zafin Afrilu yana hana fita azahar, damina tana cika lungu da ruwa. Ki rubuta watan da kika yi awon a saman takarda, domin wanda zai kwatanta daga baya ya sani.

A rahotonki ki bar makin Barthel a inda yake, ki ƙara layi uku ko huɗu a ƙasa, misali: "Kashi 55 na ayyukanta na da. Iyakarta zaure a makonni huɗu. Ta bar Islamiyya saboda tsoron kwatar ƙofar gida bayan zamewa, ta bar shara saboda an hana ta. Burinta: Islamiyya sau biyu a mako." Daga wannan kowa ya san aikinsa: a ɗora faffaɗan katako ko siminti a kan kwatar, a kafa ƙarfen kamawa a banɗaki daidai tsayin ƙugunta, a sama mata kujerar alwala mai tsayi, a sa jika ya raka ta, a kuma zauna da 'ya'yan a nuna musu cewa mayar mata da tsintsiyarta yana cikin jinya. Ki sake awon bayan mako 6 zuwa 8, da jerin nan dai, a wuri ɗaya, kuma idan da hali ke ɗin dai. Idan maki bai motsa ba, ko gwajin tafiya ya wuce daƙiƙa 12, ko hannu ne ya ƙi aiki bayan shanyewar ɓarin jiki, ki tura su sashen gashin ƙashi na Asibitin Koyarwa na Malam Aminu Kano, ko Asibitin Ƙashi na Dala, ko Asibitin Murtala, su tafi da kwafin takardar a hannu, su kuma tambaya ko akwai mai aikin farfaɗo da ayyukan yau da kullum da zai gan su.